Gidan Sulemanu: Makarantar Haske da Amo da Lokaci da Ba a Taɓa Ginawa Ba

Gabatarwa

A cikin tarihin ilmi akwai makarantu da dama da aka gina da tubali da duwatsu, suka yi zamaninsu suka rushe, har aka manta da inda suke. Akwai kuma wata makaranta guda wadda ba a taɓa aza harsashinta ba, ba ta kuma yaye ɗalibi ko ɗaya ba, amma kusan shekara 400 ke nan masana ba su daina ambatonta ba. Sunanta Gidan Sulemanu. Wani Baturen Ingila ne mai suna Francis Bacon ya ƙaga ta a cikin ɗan littafinsa da ake kira New Atlantis, watau Sabuwar Atlantis, wanda aka buga a 1627, shekara guda bayan rasuwarsa.

Maƙasudin wannan maƙala shi ne a bayyana yadda aka siffanta wannan makaranta, musamman sassanta da suka shafi haske da amo da lokaci, sa'an nan a nuna abin da ya tabbata daga cikin mafarkin da abin da ya ƙi tabbata. Za a ga cewa na'urorin da Bacon ya lissafa suna da ban mamaki ƙwarai, amma gadon da ya bari wanda ya fi su daraja shi ne tsarin aiki, watau yadda mutane da yawa za su haɗu su nemi ilmi, su jarraba shi, su rubuta shi cikin magana mai sauƙi.

Mawallafin da Zamaninsa

An haifi Bacon a birnin Landan a 1561. Ya karanta shari'a, ya daɗe a majalisa, har a 1618 Sarki James na Ɗaya ya naɗa shi shugaban shari'a na ƙasar Ingila duka. Bai jima a wannan kujera ba, domin a 1621 aka tuhume shi da karɓar kyauta daga hannun mutanen da ke da ƙara a gabansa. Ya amsa laifinsa, aka ci shi tarar fam 40,000, aka tsare shi 'yan kwanaki a Hasumiyar Landan, aka kuma raba shi da muƙami. Shekaru biyar da suka rage masa ya ƙarar da su ne a kan rubutu.

Babban kukan Bacon game da jami'o'in zamaninsa shi ne, malamai sun duƙufa ga jayayya a kan maganganun magabata, musamman Aristotle, ba su waiwayar halitta kanta su tambaye ta. A cikin littafinsa Novum Organum na 1620 ya ja hankali ga abubuwa uku da suka sake kamannin duniya: injin buga littafi, da albarushi, da allurar da ke nuna wa matuƙan jirgi arewa. Babu ko ɗaya daga cikinsu da ya fito daga muhawarar malamai. Saboda haka ya ga ya kamata a kafa wata cibiya wadda aikinta kawai shi ne gwaji. Da yake bai sami sarkin da zai gina masa ita ba, sai ya gina ta a takarda.

Tsibirin Bensalem

Labarin ya fara ne da wasu matafiya su 51 da suka taso daga ƙasar Peru cikin jirgin ruwa, suka nufi Sin da Japan da guzurin wata 12. Iska ta juya musu, guzuri ya ƙare, wasunsu suka kwanta ciwo. Suna cikin fid da rai sai suka hango wani tsibiri da babu shi a taswira, mai suna Bensalem. Aka sauke su a gidan baƙi, aka yi jiyyar marasa lafiyarsu. Wani abin lura shi ne, duk ma'aikacin tsibirin da baƙin suka miƙa wa kuɗin goro sai ya ƙi karɓa, yana mai nuna cewa hukuma ta riga ta biya shi, ba zai karɓi lada biyu a kan aiki ɗaya ba. Wanda ya san abin da ya fid da Bacon daga kujerarsa ba zai karanta wannan wuri bai ɗan tsaya ba.

Sannu a hankali aka ba baƙin labarin wani sarkin tsibirin mai suna Solamona, wanda ya yi mulki kimanin shekara 1,900 kafin zuwansu. Shi ne ya kafa makarantar, ya raɗa mata sunan Annabi Sulemanu saboda shahararsa da hikima. Daga ƙarshe ɗaya daga cikin dattawan gidan ya keɓe da mai ba da labarin, ya zayyana masa manufar gidan da gine-ginensa da ma'aikatansa. Manufar ita ce sanin dalilan abubuwa da ɓoyayyen motsinsu, domin a faɗaɗa ikon ɗan Adam har ya iya aikata duk abin da ke yiwuwa.

Ɗakunan Haske

A ɗakunan haske ana nazarin kowane irin haske da launi. Dattijon ya ce suna iya fitar da launuka iri-iri daga abin da ba shi da launi, suna ƙarfafa haske su kai shi nesa, suna kuma yin bakan gizo na hannu. Suna da madubai na ganin abin da ke can nesa a sararin sama, da waɗansu na ganin ƙananan abubuwa, kamar siffar ƙuda da tsutsa, da abin da ke cikin jini da fitsari wanda ido ba ya gani.

Ba duka wannan ne ƙage ba. A 1608 aka fara jin labarin madubin hangen nesa a ƙasar Holan, kuma a 1610 Galileo ya buga abin da ya gani da shi: duwatsu a jikin wata, da ƙananan watanni huɗu masu kewaya tauraron Mushtari. Har ila yau, ilmin gani yana da tsohon tushe. Ibn al-Haisam ya rubuta Kitab al-Manazir a Alƙahira a farkon ƙarni na 11, inda ya tabbatar da gwaji cewa haske yana tafiya ne a miƙe, kuma gani yana faruwa ne idan haske ya taso daga abu ya shiga ido. An fassara littafin zuwa Latin, aka buga shi a birnin Basel a 1572, lokacin Bacon yana yaro. Abin da Bacon ya ƙara shi ne tunanin tara waɗannan ayyuka wuri guda, a ɗauki mutane a riƙa biyansu domin su ci gaba da su.

Ɗakunan Amo

Kafin a shiga wannan sashe ya kyautu a rarrabe abubuwa biyu. Na farko shi ne amsa-kuwwa, watau dawowar sauti bayan ya bugi dutse ko bango. Sauti yana tafiyar kimanin mita 340 a sakan guda, saboda haka wanda ya yi kira yana nesa da dutse da mita 170 zai ji muryarsa ta dawo bayan sakan ɗaya. Na biyu shi ne yadda abu ke kaɗawa da kansa idan sautin da ya dace da shi ya same shi. Da yake masana waƙa sun riga sun ɗauki kalmar amsa-amo sun ba ƙafiya, a nan za a kira wannan hali karɓar amo.

Misalinsa mai sauƙi shi ne lilo. Kowane lilo yana da nasa lokacin zuwa da dawowa, gwargwadon tsawon igiyarsa. Idan mai turawa ya bi wannan lokaci, ɗan ƙaramin turi yakan taru har yaro ya yi sama. Idan ya saɓa masa, ƙarfinsa ya tafi a banza. Haka tsirkiyar molo ko ta garaya take. Bacon kansa ya ambaci wannan a littafinsa Sylva Sylvarum, wanda aka buga tare da labarin Bensalem: idan aka ajiye kayan kiɗa biyu masu tsirkiya kusa da juna, aka ɗora ɗan tsinke a kan tsirkiyar ɗaya, aka kaɗa wadda ta yi daidai da ita a ɗayan, sai a ga tsinken yana rawa alhali babu wanda ya taɓa shi.

A ɗakunan amo na Gidan Sulemanu an wuce nan. Suna raba muryoyin kiɗa ƙanana-ƙanana fiye da yadda Turawan zamanin suka saba. Suna mayar da ƙaramin sauti babba, babba kuma ƙarami. Suna kwaikwayon maganar mutum da kukan dabbobi da tsuntsaye. Suna da abin da ake sawa a kunne ya ƙara ji, da amsa-kuwwa ta hannu mai maimaita murya sau da yawa, wata ta dawo da ita da ƙarfi, wata da kauri, wata ma ta sauya haruffan. Daɗin daɗawa, suna aika sauti nesa ta cikin bututu. Mai karatu na yau zai ga lasifika da wayar tarho da na'urar ƙara jin kurame a cikin wannan jeri. Shi ya sa Daphne Oram, ɗaya daga cikin waɗanda suka kafa ɗakin ƙirƙirar sauti na gidan rediyon BBC a 1958, ta manna wannan sashe na littafin a bangon wurin aikinsu.

Sha'anin Lokaci

Bacon bai keɓe wa lokaci ɗaki na musamman ba, amma maganarsa ta ratsa gidan duka. Akwai koguna da aka haƙa, mafi zurfinsu gaba 600, inda ake adana abubuwa cikin sanyi don kada su ruɓe, kuma waɗansu masu zaman kaɗaici da ke zaune a ciki sukan yi tsawon rai. Akwai wani ruwa da suke haɗawa don ƙarin lafiya da jinkirta tsufa. A gonakinsu suna sa itatuwa su yi fure da 'ya'ya kafin lokacinsu ko bayansa. A ɗakunan injuna kuwa akwai agogo iri-iri na gwaninta. Watau dai burin shi ne mutum ya auna lokaci, ya hanzarta shi inda yake so, ya rage masa gudu inda yake tsoronsa.

An ruwaito cewa wannan buri ne ma ya yi ajalin Bacon. A farkon 1626 yana tafiya a keken doki kusa da Highgate, sai ya sauka ya sayi kaza, ya cusa mata ƙanƙara don ya ga ko sanyi zai hana nama lalacewa. Sanyin ya kama shi, ya rasu ranar 9 ga Afrilu.

Fataken Haske da Rabon Aiki

Wurin da ya fi muhimmanci a littafin shi ne inda aka lissafa ma'aikatan gidan, su 36, ban da almajirai da barori maza da mata. Goma sha biyu daga cikinsu suna fita ƙasashen duniya su ɗebo littattafai da labarin gwaje-gwaje. Su ake kira Fataken Haske, domin ba zinariya ko alharini ko kayan yaji suke fatauci ba, ilmi suke saye. Sauran 24 an kasa su ƙungiya takwas, kowace da mutum uku. Ƙungiya ta farko tana tsamo gwaje-gwajen da ke cikin littattafai, ta biyu tana tattara dabarun masu sana'a, ta uku tana yin sababbin gwaje-gwaje, ta huɗu tana jera sakamakon cikin jadawali, ta biyar tana duba amfanin da jama'a za su samu. Bayan an zauna an yi shawara, ƙungiya ta shida, da ake kira Fitilu, sai ta tsara gwaje-gwaje masu zurfi, ta bakwai ta aiwatar da su, ta takwas kuma, watau Tafintocin Halitta, ta fitar da ƙa'idoji daga abin da aka gano.

Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. A wancan zamani an saba ganin malami shi kaɗai da littattafansa. A nan kuwa an mayar da neman ilmi aikin gayya, kowa da kunyarsa, kuma babu wanda maganarsa ke wucewa sai 'yan'uwansa sun duba ta. Bugu da ƙari, akwai wani ɗaki da suke nazarin rufa-ido da duk hanyoyin yaudarar gani da ji, tare da doka mai tsanani: duk ɗan gidan da ya yi wa wani abu ado ko ya kumbura shi don ya ba mutane mamaki, za a ci shi tara, a kuma zubar masa da mutunci.

Sai dai tsarin yana da aibi guda babba, shi ne ɓoyo. Fataken Haske suna tafiya ne da sunan wasu al'ummu, ba sa faɗin ƙasarsu; suna ɗebo ilmin mutane, ba sa barin nasu. 'Yan gidan kuma suna yin rantsuwar riƙe asiri, su ke yanke abin da za a bayyana, har akwai abin da suke ɓoye wa hukumar ƙasarsu. A zauren da suka jera siffofin masu ƙirƙira, Columbus kaɗai aka ambata da suna.

Daga Takarda Zuwa Gaskiya

Ranar 28 ga Nuwamba 1660 wasu masana 12 suka taru a Kwalejin Gresham da ke Landan, suka kafa ƙungiyar da daga baya aka sani da Royal Society, watau Ƙungiyar Masana ta Sarki, wadda Sarki Charles na Biyu ya ba takardar izini a 1662. Ba su ɓoye bashin da Bacon ke bin su ba, domin da Thomas Sprat ya buga tarihin ƙungiyar a 1667, an zana hoton Bacon a shafin farko. Ma'anar takensu ita ce kada a dogara ga maganar kowa sai an gwada. Gani ya kori ji ke nan. Sprat ya kuma bayyana cewa ƙungiyar ta bukaci 'ya'yanta su guji ƙawata zance, su fifita harshen masu sana'a da manoma da 'yan kasuwa bisa na masu fasahar baki.

Cikin shekaru kaɗan ɗakunan mafarki suka soma cika. A 1660 Robert Boyle ya buga labarin yadda ya sa agogo cikin tulun gilashi ya zuƙe iskar, sai ƙarar agogon ta dushe, aka gane cewa iska ce ke ɗaukar sauti. A 1665 Robert Hooke ya buga Micrographia da zanen ƙuma da ƙwarƙwata da idon ƙuda kamar yadda madubi ya nuna su. A 1672 Isaac Newton ya aika wa ƙungiyar bayanin yadda gilashi mai kusurwa uku ke rarraba farin haske zuwa launukan bakan gizo. A 1676 kuma, a birnin Paris, Ole Rømer ya lura da jinkirin da ake samu wajen husufin ɗaya daga cikin watannin Mushtari, ya nuna cewa haske ma yana cin lokaci a hanya. Yanzu an san hasken rana yakan yi kimanin minti 8 da sakan 20 kafin ya iso duniya.

Ta fuskar lokaci, Christiaan Huygens na Holan ya ƙera agogo mai lilo a 1656, wanda ya rage kuskuren agogo daga mintoci a yini zuwa 'yan sakanni. A 1665 yana kwance ba shi da lafiya ya lura cewa agogo biyu da ya rataya a katako ɗaya sukan daidaita lilonsu da kansu cikin kimanin rabin awa, ko da an saɓa su da gangan. Ɗan motsin katakon, wanda ido ba ya gani, shi ke kai saƙo tsakaninsu. Nan ne aka fara ganin dangantakar kaɗawa da auna lokaci ƙarara.

Abin da ya sa waɗannan ayyuka suka haifi juna shi ne, magadan Bacon sun ɗauki rabon aikinsa sun yar da rantsuwar ɓoyo. A watan Maris na 1665 sakataren ƙungiyar, Henry Oldenburg, ya fara buga mujallar Philosophical Transactions, wadda har yau ake bugawa. Duk wanda ya gano abu sai ya rubuta yadda ya yi, da sunansa da kwanan wata, domin wani a Paris ko Holan ya maimaita, ya gaskata ko ya ƙaryata. Ta wannan hanya kurakuran Bacon kansa suka faɗi, kamar injin da ke motsi har abada ba tare da an ƙara masa ƙarfi ba, da samar da ƙwari daga ruɓaɓɓen abu, waɗanda ya sa cikin ayyukan gidan.

Masu ba'a ma ba su yi shiru ba. A 1726 Jonathan Swift ya ƙaga tasa makarantar, ta birnin Lagado, a cikin labarin tafiye-tafiyen Gulliver. A can akwai wani da ya shekara takwas yana ƙoƙarin tatsar hasken rana daga kokwamba ya ɗura a kwalabe, da wasu malamai da suka ce a soke kalmomi, kowa ya riƙa yawo da buhun kayan da zai yi magana a kansu, alhali gonakin ƙasar sun lalace, mutane suna cikin tsumma. Gargaɗinsa shi ne binciken da ya manta da cikin talaka wasa ne mai tsada.

Haɗuwar Ukun

A ƙarni na 20 abubuwan nan uku da Bacon ya rarraba suka zama abu ɗaya. A 1955 Louis Essen da Jack Parry suka ƙera agogon ƙwayar zarra a Teddington, kusa da Landan. Asirinsa karɓar amo ne: ƙwayar wani ƙarfe da ake kira siziyom tana amsa wa igiyar lantarki, wadda danginsu ɗaya da haske, idan kaɗawar igiyar ta dace da tata, kamar yadda tsirkiya ke amsa wa 'yar'uwarta. A 1967 ƙasashen duniya suka amince cewa sakan guda shi ne tsawon lokacin kaɗawa 9,192,631,770 na wannan igiya. A 1983 kuma aka tsayar da gudun haske a kan mita 299,792,458 a sakan, aka mayar da shi ma'aunin mita. Saboda haka mai sauraron rediyo da ke daidaita agogonsa, da tela mai gwada yadi da mita, duk suna dogara ne ga wannan haɗuwa, ko sun sani ko ba su sani ba.

Kammalawa

A taƙaice, an ga cewa Gidan Sulemanu ya fito ne daga alƙalamin mutumin da ya rasa muƙami, ya rasa mai gina masa makaranta. Wasu daga cikin na'urorinsa sun riga shi zuwa duniya, wasu sun zo bayansa, wasu kuwa ba za su taɓa zuwa ba. Abin da ya ɗore shi ne rabon aiki, da jarrabawa, da hana ƙarin gishiri, tare da gyara guda da magadansa suka yi, watau buɗe ƙofa. Da alama shi ma Bacon ya hango wannan gyara, domin a shafin ƙarshe dattijon ya sa wa baƙon albarka, ya ba shi izinin watsa abin da ya ji don amfanin sauran al'ummu. A nan rubutun ya tsaya, kuma William Rawley, limamin gidan Bacon wanda ya buga littafin, ya sanar da masu karatu cewa mawallafin bai ƙarasa shi ba.